Igiyar Thankappan

Maris na ƙarewa, littafin shekara zai rufe,
Oga Kuriakose ya ƙwanƙwasa tebur da gindin biro:
"Moidu, rubuto min takardar kamu.
Rupi dubu tamanin da huɗu na gwamnati
sun kwana biyu a wuyan mai tufkar igiya,
ni kuma daga sama ana hura min wuta."

Shekara ashirin da bakwai ina kan kujerar nan,
fankar ofis ta san ni, na san kukanta.
Na ce, "Yallaɓai, da tsani ake hawa rufi.
An aika masa sammaci? Ba a aika ba.
An ji ta bakinsa? Ba a ji ba."
Ya leƙo ni ta saman tabarau,
na tura masa shafin da yatsuna suka ƙoɗar.

Shafin ya ce a fara da kira,
a bar mutum ya faɗi dalilin da zai hana a tsare shi.
Sai in yana da shi ya hana,
ko ya ɓoye dukiya a inuwar wani,
ko an ga ya ɗaure kaya zai sulale.
Kuma dalilin kamun a rubuta shi, baƙi a kan fari.
Babu dai ba taurin kai ba ce.

Na hau jirgin ruwa daga Alappuzha,
takarda cikin leda, leda cikin riga.
Itatuwan kwakwa sun sunkuya suna duba fuskarsu.
Gidan na can inda mashigi ya ƙuntata,
ambaliyar bara ta ja layi a bango
daidai kafaɗata.
Injin tufka ya yi jan tsatsa kamar bakin mai cin goro.

Ponnamma ta hango hatimi, ta ajiye tukunya,
ta miƙo min hannuwa biyu a haɗe:
"Ni ka tafi da ni, shi tari yake kwana yi."
Na ce, "Uwa, mai da hannunki.
Ba a kama mace a kan wannan bashi,
ba a ɗaukar marar lafiya daga tabarma,
tukunyarki da kayan sana'arsa ba sa shiga lissafi.
Gayyata na kawo. Talata, ƙarfe goma."
Ta ba ni baƙin shayi, hannunta bai daina rawa ba.

Talata ya zo da farin zane ɗaya tilo,
da rasiɗan asibiti da ruwa ya lashe rabinsu,
da hoton rumfarsa, rufi kaɗai ke sama.
Ya yi magana minti arba'in, tari na katse shi.
Oga bai duba agogo ba, na shaida.
Ya rubuta: ba shi da hali, ba ƙi ya yi ba,
ya biya kaɗan-kaɗan, wata bi wata.

A makon nan dai aka kira mai motocin yashi,
wanda ya mai da tifa uku sunan surukinsa da dare.
Tsani ɗaya aka bi da shi, hawa bi hawa,
shi ma an saurare shi har ya gaji.
Tasa takardar ni na rubuta, hannuna bai yi nauyi ba.

Littafi ya rufe da giɓi a ciki,
Oga ya sha faɗa ta waya, ya haɗiye.

Farkon Mayu sai ga Thankappan a bakin taga,
rupi ɗari bakwai masu warin ɓawon kwakwa,
da ƙullin igiya sabuwa, wai tukuicina.
Na ce ba na karɓa, amma ina saye.
Muka yi ciniki kamar a kasuwa, ya ƙi ragi.

Tana nan a aljihun tebur.
Da ita nake ɗaure fayil-fayil.